Gaisuwar Kawu da Ban Amsa Ba

Assalamu alaikum 'yan uwa. Kun daɗe ba ku ga rubutuna a nan ba. Wasu sun kira waya matata ta ɗauka, har aka fara cewa Mushe Idi, wato Malam Idi, ya yi girman kai. Ba haka ba ne, muryata ce ta tafi.

Ga wanda bai san ni ba, malamin lakkwal ne ni, wato makarantar boko, ɗan kwantiragi, a wani ƙauye kusa da Dumega. Ajina rumfar zana ce, jingine da ajin abokin aikina. In ban ɗaga murya ba, darasinsa yarana za su ji.

Da dushewa abin ya fara. Na ce ƙurar alli ce, na sha citta da zuma, na ci gaba da ihu. Wata safiya ina tsakiyar karatu na buɗe baki, huci kawai ya fito. Yaran suka yi dariya, sun ɗauka wasa nake.

A Dogon Dutsi aka ba ni maganin mura, bai yi ba. Aka tura ni Yamai. Can aka zura mini wata siririyar roba mai fitila ta hanci har maƙogwaro, ina hawaye ina kakarin amai. Likita ya ce tsiro ne a jijiyar murya, sai an yanke an auna a ga ko ciwon daji ne. Ban taɓa jin tsoro irin na jiran sakamakon nan ba. Matata Hassiya ta sayar da tumakinta aka yi aikin.

Ba daji ba ne, alhamdu lillahi.

Da zai sallame ni likita ya ce, "Ba magana sai ka dawo na duba. Ko raɗa kar ka yi."

Muka koma gida, 'yan dubiya suka yi ta zuwa, Hassiya tana yi musu bayani tun daga ƙofa. Sai ga Kawu Namata daga Dogon Kiriya. Shi ya riƙe ni bayan rasuwar mahaifina, shi ya ja hannuna ya kai ni lakkwal. Yanzu ya tsufa, kunnensa ya yi nauyi.

Ya zauna ya ce, "Idi, ina wuni? Ya jikin?"

Kafin in tuna da likita bakina ya riga ya ce, "Lahiya lau, Kawu."

"Mi ka ce?"

Na ɗaga murya. Ya tambayi gajiya, ya tambayi iyali, ya tambayi aiki, duk na amsa. Yana fita na tofa jini.

Aka sake yi mini aiki. Wannan karon likita bai ɓoye fushinsa ba. "Babu na uku, Malam. In ciwon ya sake buɗewa, ka nemi wata sana'a." Ɗan kwantiragin da ba shi da murya kuwa, gida ake mayar da shi.

Wata ma'aikaciyarsa ta zaunar da ni ta ce, "Bakinka yana amsawa kafin ka sani. Kullum ka zauna, ka rufe ido, ka bi numfashinka yana shiga yana fita. In magana ta taso, ka lura da inda ta kama ka, ka bar ta ta wuce."

A raina na ce, wato na zo har Yamai a koya mini numfashi. Amma na yi, don ba ni da wata dabara.

Farkon bai yi daɗi ba. Da na rufe ido sai tsoro ya cika ni, in ga an ba wani ajina. Maƙwabciyarmu ta leƙo ta gan ni zaune kamar gunki, ta ce wa Hassiya doguwa ce, a nemi 'yan bori. Ƙanin Hassiya kuma ya ce ruƙiya za a yi.

A hankali na fara gane abin. In aka yi sallama, maƙogwarona yana ɗaurewa kafin baki ya buɗe. Akwai ɗan tsakani a nan, kuma cikinsa mutum yana iya riƙe kansa.

Kawu ya ji an sake aiki, ya dawo. Hassiya ta durƙusa ta yi masa bayani da ƙarfi.

Ya ce, "Wancan zuwa ai ya amsa mani."

Ya gaishe ni. Na ji amsar ta taso, na ja numfashi, na bar ta. Ya maimaita, ya sake maimaitawa. Na kama hannunsa da hannu biyu. Rubutu ba zai yi amfani ba, Kawu bai iya karatun boko ba.

Ya dube ni ya ce, "Ni ɗin, Idi? To, shi kenan." Ya zare hannunsa ya tashi, ko ruwan da aka kawo bai sha ba.

Na ƙudura a raina da an ba ni izinin magana wajensa zan fara zuwa. Kafin ranar komawata Yamai aka aiko Kawu ya rasu. Na zauna a makokinsa ana yi mini ta'aziyya ina gyaɗa kai.

Yanzu na koma aji. Muryar ta dawo, amma ƙarama, kamar ta tsoho. Kowace safiya ni da yaran mukan zauna shiru na ɗan lokaci, kowa yana bin numfashinsa, sannan in fara darasi a hankali. Suna ji har layin baya. Direkta, shugaban makarantarmu, ya leƙo ya gani, ya wuce.

Na gode wa Allah. Na gode wa Hassiya, wadda ta zama bakina, da likitocin, da ku da kuka yi ta addu'a.

Malamai 'yan uwana, dushewar da ta ƙi tafiya ba mura ba ce, ku je a duba maƙogwaron. In an hana ku magana, ku aika a sanar da manyanku tun kafin su taso. Masu dubiya kuma, ku gaida marar lafiya ku amsa wa kanku, kar ku jira bakinsa.

Ajina yana hannuna. Kawu kuwa ya tafi yana ganin na raina shi, kuma abin yana ci na. Don Allah ku sa shi a addu'a.