Barkar da Na Yi ta Waya

A lokacin ina shekarar ƙarshe a jami'a, ina gidanmu a Gyaɗi-Gyaɗi. Yarinya ce ni mai son shiru da tsara baitoci, duk abin da ya taɓa zuciyata sai in sa shi a waya, a yaba, in ɗauka na yi zumunci.

Ina da aminiya tun firamare, aka kai ta aure Tarauni. Mahaifiyarta ta daɗe da rasuwa, don haka da ta haihu ba ta tafi wankan gida ba. A ɗakinta ta yi jego, ga miji direba, kullum yana hanya. Da labari ya iso ni na rubuta wa jaririn baitoci, na ɗora hotonsa, na kewaye shi da furanni. Umma ta ce in tashi in je barka, ko shara ce in yi mata, na ce ai kullum muna tare a waya. Ranar suna na je, aka yi hotuna, na dawo. Kowace safiya ina tambayarta kwanan yaro, ta ce lafiya lau. Na yarda, don yardar ta fi mini sauƙi.

Sai dab da arba'in na leƙa. Wata dattijuwa maƙwabciyarta ta buɗe mini ƙofa, ta dube ni sama da ƙasa, ta ce ashe ƙawar cikin waya tana da ƙafafu. Ina dariya na shiga ɗaki. Aminiyata ta rame, kitson suna ne har yanzu a kanta, kunu ya huce a kwano ba a taɓa ba. Ba ta yi mini faɗa ba. Ta ce dai saƙonni suna shigowa har wayar ta ɗau zafi, amma in dattijuwar ta tafi kasuwa babu mai karɓar yaron ta yi wanka a natse, wani lokaci sai ta tsinci kanta tana kuka. Na ce me ya hana ta gaya mini. Ta ce ta ga ina jin daɗin rubutuna, ba ta so ta ɓata mini.

Ranar na tsefe mata kai, na goya yaron har ta samu barci. Ta warware a hankali, muna kuma tare, amma har yau in abu ya dame ta, dattijuwar nan take fara nema.

Na gane cewa mai kaɗaici yakan fi kowa saurin cewa lafiya lau. 'Yan'uwana, in dai adaidaita sahu zai kai ku, ku je ku ga fuska, ku zauna, ko ba za ku ce komai ba.