Shagon Mai Agogo Ba Rufi

Shekara talatin da ɗaya Mai Agogo ya yi a shagon katako guda, a bakin titin tasha, da gilashi maƙale a ido ɗaya da ɗan hantsaki a hannu. Mutum ne da bai iya jira ba. Ka ce masa ƙarfe tara, takwas da rabi za ka tarar da shi a ƙofarka yana hararar ka. Wannan halin ne ya ja masa.

Da ƙaramar hukuma ta shafa wa shagon jan fenti, ta ce a tashi cikin kwana bakwai, 'yarsa ta nemo lauya aka shigar da ƙara. Shi kuwa bai taɓa yarda takarda za ta tare motar rusau ba. Ran kwana na shida ya hau tsani ya ɓamɓare kwanon rufin, ya kai gida, wai rigakafi ya fi magani. Washegari sai ga lauya da fara'arsa: kotu ta dakatar da umarnin har a saurari ƙara.

"Wato mun ci?" in ji Mai Agogo.

"A'a, Baba."

"To an kayar da mu?"

"Ba a kayar ba. Komai zai tsaya yadda yake."

"Madalla. Bari in mayar da kwanona."

"Kul! Yadda yake na ce. Ka buga ƙusa ɗaya, su ce sabon gini ka yi."

"To in kwashe sauran katakon in huta."

"Ka kwashe, su ce ka bi umarni, ƙara ta mutu. Kuma kullum a gan ka a ciki, kada su ce ka bar wurin."

Kan dattijo ya ɗaure tamau. A saninsa abu ko dai yana aiki ko ya lalace, bai san na uku ba. Ya tambaya ko shimfiɗa leda a sama gini ne. Lauya ya ce zai duba, har yau yana dubawa. Lema dai an yarda da ita.

Damina ta sauka, aka ɗage zaman kotu sau biyu. Ranar da ya buɗe agogon wani direba ya ga tsatsa a ciki, kunya ta kama shi kamar ya yi sata. Ya tattara kayan aikinsa kaf ya kai ɗakin matarsa. Amma bai fasa zuwa ba. Yakan zauna a benci tsakanin bango huɗu, lema a kafaɗa, takardar kotu a aljihu.

Wata safiya ana yayyafi wata baƙuwa ta leƙo ta miƙo masa agogo.

"Baba, a duba min, ya tsaya."

Hannunsa ya tafi da kansa, sannan ya janye shi.

"Yi haƙuri, 'yata, ba a gyara a nan."

Ta ɗaga kai ta dubi sama, ta dube shi.

"To me kake yi a nan, Baba?"

Ya gyara riƙon lemarsa.

"An ce dai in zauna."