Fasfo Biyu na Baca Hajriz

Baca Hajriz maƙerin murhu ne a garinmu Gjilan da ke Kosovo, shagonsa na jikin na mahaifina. Irin murhun ƙarfen nan yake yi da ake cusa wa itace, a ji ɗumi, a kuma gasa burodi. Ba shi da yawan magana, amma in ya rantse kowa ya san ta zauna.

Shekarar yaƙi, da aka kore mu, tare muka isa iyakar Masedoniya. Sojojin Sabiya suka karɓe takardun kowa suka zuba cikin ganga, suka cinna wuta. A gabana Baca Hajriz ya ce, "Wallahi hannuna ba zai ƙara riƙe takardar mutanen nan ba."

Da muka dawo, Kosovo tana hannun Majalisar Ɗinkin Duniya. Su suka ba mu shuɗin littafin tafiya, wanda bai faɗi ko kai ɗan wace ƙasa ba ne. Mahaifina ne ya tsaya masa shaida cewa shi ne Hajriz ɗin. Ya yi murna da littafin nan ƙwarai. Da shi ya je Suwizalan ya ga jikokinsa, ya dawo yana nuna mana hatimi a gidan shayi.

Abokinsa Fetah, direban bas, ya ce, "Kai tsoho, har sun bar ka ka shiga? Ba su ji ƙaurin gawayi ba?"

"Sun ji. Cewa suka yi gara shi da warin tayarka."

Fetah ya yi dariya, abin da ya daɗe bai yi ba, domin 'ya'yansa maza biyu sun rasu a yaƙin.

Baca Hajriz yana da yaya mace, Nazmije, wadda ta raine shi bayan rasuwar uwarsu. Tana aure a Preshevo, bayan duwatsun da muke hangowa daga gari, amma can ƙasar Sabiya ce. Wata kaka, lokacin da mata ke gasa tattasai, aka aiko cewa ciwo ya kwantar da ita. Ni na kai shi iyaka a motata. Ɗan sandan Sabiya ya jujjuya shuɗin littafin, ya miƙo masa.

"Wannan ba mu san shi ba. Kosovo tamu ce, kai ɗan ƙasar nan ne, je ka nemo fasfon Sabiya."

"Yayata ce ba lafiya."

"Allah ya ba ta sauƙi. Juya motar."

Na juya motar, muka dawo gida. Ya yi kwanaki yana buɗe shago yana zaune, ba a jin ƙarar guduma. Sannan wata safiya ya ce da ni, "Ɗana, kai ni ƙauyen Sabiyawa, inda suke karɓar hoton fasfonsu."

"Baca, rantsuwar fa?"

"Zan yi kaffara. Tuƙa."

Ya bi layi da hularsa a hannu, ya amsa tambayoyinsu da harshensu. Da fasfon ya fito bai ko buɗe shi ba, ya cusa a aljihun baya.

Ya tarar da ita da rai. Ya ba ni labari cewa da ta buɗe ido ta gan shi sai ta ce, "Sai yanzu? Taurin kan nan naka tun kana cikin tsumma yake." Ya zauna gefenta duk tsawon hunturun. Ya gyara mata murhun ɗakinta da ke hayaƙi, yana ba ta miya da cokali, tana yi masa faɗa wai ya cika gishiri. Kafin ƙanƙara ta narke ta rasu, shi ya sa ta a kabari.

Da ya dawo, labari ya riga shi isowa. Mutane da yawa sun yi abin da ya yi, a ɓoye, amma shi kowa ya ji rantsuwarsa. Ya shiga gidan shayi, Fetah ya ajiye kofinsa.

"Gaskiya ne ka je ka yi musu layi?"

"Gaskiya ne."

"Waɗanda suka kashe mini yara?"

"Fetah, ita kaɗai ta rage mini."

"Ni kuwa ba wanda ya rage mini."

Fetah ya tashi ya fita. Baca Hajriz bai bi shi ba, bai kuma taɓa kare kansa a wajen kowa ba. Ya yi azumin kaffararsa, ya koma bakin aiki. Duk sallah yakan ƙetare ya ziyarci kabarin Nazmije, ya dawo kafin magariba. In suka haɗu da Fetah a masallaci sukan yi sallama, iyakarta ke nan.

Baca Hajriz bai ga ranar da muka samu fasfon kanmu ba. Ciwon zuciya ne ya ɗauke shi a shago, da rana tsaka. Ranar jana'iza Fetah ya zo a makare, yana dogara sanda. Ya miƙa mini sandar, ya sa kafaɗa ƙarƙashin makarar. Mutane suna ta karɓar juna kamar yadda aka saba, amma duk wanda ya matso wajensa sai ya girgiza kai. Haka ya kai shi har maƙabarta, yana haki.