Ranar da Inna ta kalli ɗan farinta

Yayana albasa yake sarowa daga Arewa ya kawo kasuwar Ogbete. Shekara ta huɗu da dawowarmu Inugu bayan yaƙin basasa, lokacin da kuɗi ya fara yawa a gari, 'yan fashi suka tare motarsu a hanyar Anacha. Allah ya jiƙansa.

Da aka kama mutanen, sai ga wani daga gidan talabijin, zai haɗa shiri a kansu, yana neman hoton waɗanda aka kashe. Mai gidan da muke haya yana da abin ɗaukar majigi, ya kuma ɗauki Yaya ran sunan ɗiyata. Ya ce ba zai bayar ba sai da yardar Inna.

Yaya kuwa ɗan fari ne. Inna ba ta taɓa kama sunansa ba, ko haɗa ido ba sa yi. Da baƙon ya tambaye ta sunan mamacin, sai ta juya tana gyara wuta. Bawan Allah ya zaci fushi ne, yana ta “sori, Mama”. Ni na faɗa masa sunan. Ita dai cewa ta yi, “A ba shi, amma kada a nuna gawa.”

Damuwata ɗaya: ko za ta yarda ta kalla? Tun rasuwar ko kuka ba ta yi a gabanmu ba.

Ran da za a nuna, bayan la'asar, muka cika falon mai gida, gaban akwatin talabijin. Inna ta zauna bakin ƙofa tana tsinar shinkafa, wai iska take sha. Sai ga Yaya a talabijin da kwano a hannu, an sa masa wani kiɗa mai ban tausayi, mai bayani yana cewa dubi baƙin ciki a fuskarsa. Majigin ba shi da murya, amma ni ina wurin ran nan.

Na ce, “Wane baƙin ciki! Cewa yake, ke uwar jego, wannan miya ko ruwan wanki?”

Falo ya kwashe da dariya. Na waiga, Inna ta ajiye faifai, ta zuba wa akwatin ido har aka ɗauke hoton. Ta goge fuska da bakin zane.

Ta ce, “Ashe yaron nan wushirya gare shi.”

Ta ɗauki shinkafarta. Ran nan har ƙarin abinci ta yi.