Kafaɗar Yaya Alassani

Yayana Alassani bai taɓa dasa kyamara a kan ƙafa uku ba. Wai aikin malalata ne. A kafaɗa yake saɓa ta, ya bi mutum ta baya lungu-lungu a Zongo, ya tsallake kwata, ya kauce wa masu babur, amma hoto ya fito a natse kamar ruwa a randa. Da biki da suna ya fara, kafin ya koma shirya finafinan kansa da Hausarmu, mai sirkin yaren Mina da Faransanci. Wanda ya yi kan direbobi masu jiran kaya a Tashar Jirgin Ruwa, har a Kwatano an kalle shi. Fitila kuwa ba ya kunnawa. Sai ya zaunar da 'yan wasa suna ta tsaki, har rana ta yi sanyi bayan la'asar.

Bara na fara lura. Yana miƙo min shayi, cokali na ta ƙara a cikin kofi. Na tuna da haka ciwon rawar hannun Babanmu ya soma, har ya kai sai an ba shi abinci a baki.

"Yaya, hannun nan fa?"

"Shayi ne ya yi min yawa, Hadjara. Ke dai da sa ido."

Shayi! Ban taɓa ganin mai taurin kai irinsa ba. Na yi masa maganar asibiti har bakina ya gaji. Shi kuwa ya koma cusa hannun dama a aljihu, ya daina cin abinci cikin mutane. Tsoro ya hana ni sukuni, domin ban da kyamarar nan Yaya bai iya komai ba, ko canja ƙwan fitila.

A haka ya gama sabon fim ɗinsa, aka nuna shi a farfajiyar wata makaranta a Adakpamé. Da aka zo inda yake bin wata mai talla cikin kasuwar Bè, sai hoton ya kama karkarwa. Na damƙe bakin mayafina, ina jiran wani ya yi dariya.

Ana gamawa wani ɗalibi ya miƙe. "Tonton, c'est fort! Kawu, ka yi bajinta! Rawar nan da kyamara take yi, wallahi har tsoron matar na ji a jikina. Sabon salo ne?"

Wuri ya kaure da tafi. Yaya ya yi murmushi ya ce, "Eh, ɗana, sabon salo ne."

Muka dawo gida. A ƙofar ɗakinsa ya fito da mabuɗi, ya yi ta laluben ramin kwaɗo, mabuɗi na ƙwanƙwasa ƙarfe, ya ƙi shiga. Na kau da kai don kada ya ji kunya. Can sai na ji ya sa min shi a tafin hannu.

"Buɗe min, ƙanwata," ya ce. "Wane asibiti ma kika ce?"