Ƙudajen da Aka Gayyato wa Wainar Mama

Wata Asabar da hantsi, ina aji huɗu a firamare, wata farar mota ta tsaya a bakin layinmu a unguwar da ake kira Television, daidai inda Mama take suyar waina. Maza biyu suka fito, ɗaya saɓe da kyamara, sai wata mata mai gilashi. Suka ce shiri suke haɗawa a kan matan da ke riƙe gidajensu da sana'a. Don murna, Mama ta aike ni in ɗauko mata atamfarta ta zuwa coci.

Mama kuwa akwai tsabtar tsiya. Kullum kafin mu tafi makaranta yayata Rifkatu za ta kai niƙa, ni in jawo ruwa a rijiya, in wanke tanda, in share wurin har bakin kwata. Ko langa muka yi, sai mun wanke hannu da sabulu kafin mu taɓa mata faranti. "Abin da ba zan ci ba, ba zan sayar ba," haka take cewa, shi ya sa direbobi da masu acaɓa suke yi mata layi.

Matar nan ta dubi atamfar ta ce ta yi kyau da yawa, a mayar da tsohon zane. Ta sa aka cire murfin roba daga kan wainar. Sai mai kyamarar ya jiƙa sukari a kofi ya yayyafa a gefen tire. Kafin ka ce me, ƙudajen teburin mahautan da ke kusa sun dawo wurinmu, baƙi ƙirin. Mama ta ɗaga mafici, mai kyamarar ya ce, "Madam, kar ki kore su, minti biyu kawai." Ta sauke hannu, don kunyar baƙi take ji. Ni kuma sakarya ina gefe ina tsalle za a nuna mu a talabijin. Tir!

Bayan 'yan makonni muka cika falon mai gidan da muke haya don kallon shirin, har da maƙwabta. Ashe shirin a kan ƙazantar abincin titi ne. Ga fuskar Mama ta cika allo, ga ƙudaje suna yawo a kan wainarta, wani yana bayanin kwalara da Turanci. Daga makon nan layin masu saye ya watse, mu muke cinye kwantai, kuma kafin Kirsimeti ta kyautar da tandar.

Yau ni ma kyamara nake ci da ita, ni nake rubuta abin da nake ɗauka. Na haɗu da irin mutanen nan a wurin aiki, suna kiran abin "gyara hoto", ko kunya babu. Na ɗauki ɗaruruwan mata a bakin sana'arsu yadda na same su, amma duk ranar da na juya kyamara wajen Mama sai ta rufe fuska da gyale, har ta rasu. Hotonta mai motsi ɗaya ne tak a duniya, kuma ƙarya ne.