Malama Hadiza da lakar rijiyata

Ina tsaka da wanke-wanke da safen nan aka kira ni daga Karaye: Malama Hadiza ta rasu bayan sallar asuba. Innalillahi wa inna ilaihi raji'un.

Na zauna a bakin rijiya, hannuna duk kumfa.

Tare muka yi sakandare da ita. Ni na yi aure Rogo, ita ta wuce ta zama malamar kimiyya, har ta koyar da 'yata Nafisa. Mutanen Karaye, kun fi saninta da Malama Mars. Kun san ba don yabo kuka sa mata ba, kuma yau ku ne kan gaba wajen ɗora hotonta a kafofin sada zumunta da fuskokin kuka. Ku sauke hotunan nan, ku yi mata addu'a. Mamaci ba hoto yake buƙata ba.

Shekarar da aka yashe mana rijiya, ta zo da kwalba ta ce a ɗebo mata laka daga can ƙasa. Na ce, "Dije, kunya ba ta kama ki? Mace da girmanki kina roƙon taɓo?"

Ta ce, "Binta, ke dai zo makaranta gobe."

Na je. Ta ɗiga ruwan lakar a gilashi, ta sa a maikuroskop, madubin nan mai ƙara girman abu, ta ce in leƙa. Wallahi abubuwa na gani suna motsi. Na ja da baya na ce, "Ƙwayoyin cuta! A ruwan da nake ba yarana?"

"Daina ce musu na cuta," in ji ta. "Ƙananan halittu ne. Yawancinsu ba su san ma kina duniya ba."

Duk da haka sai da na yi ta tafasa ruwa. Ita ta kawo mini buhun gawayi, tana yi mini dariya.

Ran nan ne ta fara mini zancen duniyar Mars. Ta ce doron ƙasarta a bushe yake, sanyi ya wuce misali, kuma hasken rana a can kashe abu mai rai yake yi. Amma a ƙarƙashin ƙasa akwai ƙanƙara, wataƙila har da ruwa mai gishiri, kuma masana na zaton irin waɗannan halittu za su iya laɓewa a ciki. Na ce an gan su? Ta ce a'a, ba wanda ya gani tukuna.

Na ce, "To mutane su bar ibada da abin da ke gabansu, su tafi neman abin da ba a gani ba?"

Ta ce, "Wanda yake ciyar da na ƙasan rijiyarki, inda rana ba ta taɓa leƙawa ba, Mars ce za ta gagare Shi? Ni tasbihi nake in na duba."

Na ɗauki mayafina na tafi gida. Ban kuma yarda ba.

Nafisa ce ta kamu da son abin. Ta ce ita kimiyyar ƙananan halittu za ta karanta a jami'a. Ni kuwa na ce makarantar jinya, ta gama ta samu aiki kusa da gida. Mahaifinta ya bar mini maganar. Tun azumi muke ja da yarinyar nan, gida ba daɗi, na gaji.

Ganina na ƙarshe da Dije, makon jiya ne, a ɗakinta. Ta rame ƙwarai. Na kai mata kunun gyaɗa, ta sha kaɗan ta ture. Na yi mata faɗa a kan ƙin shan magani, ta bari na gama, sannan ta kama hannuna.

"Ki bar yarinyar nan ta leƙa, Binta. Ke ma ai kin leƙa."

Na ce ki warke tukuna, ma yi maganar. Ta yi murmushi kawai.

Mun dawo daga gidan rasuwa ɗazu. Nafisa ta shige ɗaki, ko ruwa ba ta sha ba. Na tarar da ita riƙe da kwalbar nan, ashe Malama ta ba ta, lakar ta bushe ta tsage. Na ce ta tashi ta yi sallar la'asar, kuka ba ya ɗauke wa mutum sallah. Da ta idar na ce mata ta je ta karanta abin da take so.

Har yanzu ina ganin jinya ta fi. Kuma sharaɗina na nan: sallah a kan lokaci, waya a ajiye in ana karatu.

Ya Allah, Kai da ba Ka manta da ƙananan halittu a cikin duhun ƙasa ba, ga baiwarKa Hadiza an saka ta a ƙasa yau. Ka haskaka mata, Ka yalwata mata, Ka gafarta mata.

Wanda ya karanta, kada ya danna hoton kuka ya wuce. Ya tsaya ya karanta mata Ƙulhuwallahu, ya ambaci sunanta na gaskiya.